Agogo da Alkawari

A ƙaddara akwai wata ƙasa wadda kome nata da ƙarafan agogo ya ke aiki. Ƙofofin gari, da injin niƙa, da jiragen ƙasa, duk suna bin babban agogo guda da ke tsakiyar birni. Ran nan sai ƙura ta shiga ƙarafan wata unguwa, lokacinta ya koma baya da minti biyu. Mutanen unguwar ba su lura ba, gama agogunansu duka sun yi daidai da juna. Ba a gane ɓarnar ba sai ran da jirginsu ya hau hanya guda da jirgin wata unguwa.

Ƙasar nan ƙage ce, amma irin wannan haɗari ya taɓa aukuwa. Cikin watan Agusta na 1853, a Jihar Rhode Island ta Amurka, jiragen ƙasa biyu suka yi karo a kan hanya ɗaya, mutum 14 suka rasu. Da aka bincika sai aka tarar agogon jami'in ɗayan jirgin ne ya yi baya. Kowanensu bisa ga lokacinsa ya ke tafiya, sai dai lokacin nasu ba ɗaya ba ne.

To, wane lokaci ne na gaskiya? Mutanen Kano na dā da rana su ke auna yininsu: asuba, hantsi, walaha, azahar, la'asar, magariba, lisha. Jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, shi kuwa ba ya aiki da “bayan la'asar”. A 1919 aka tsai da agogon Nijeriya duka a kan awa ɗaya gaba da na Greenwich ta Ingila, watau lokacin layin da ke digiri 15 gabas. Kano kuwa tana wajen digiri takwas da rabi ne, kowane digiri kuma minti 4 ne. Saboda haka idan agogo ya buga sha biyu a Gyaɗi-Gyaɗi, rana ba ta kai tsaka ba tukuna, da sauran kamar minti 26, ya kan ɗan ƙaru ko ya ragu bisa ga watannin shekara. Ashe agogo bai faɗi inda rana ta ke ba. Abin da ya faɗa shi ne abin da mutane suka yarda a kai, don su riƙa gamuwa. Agogo alkawari ne da jama'a suka ɗaukar wa juna.

In haka ne, mai saɓa lokaci alkawari ya saɓa. Telan da ke kasuwar Tarauni ya ce a zo ƙarfe huɗu, mai ɗinki ya rufe rumfarsa ya zo, aka ce ya komo gobe: an ci masa cinikin yamma guda, ba kuwa alƙalin da zai karɓi ƙararsa. A Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano da ke kan hanyar Zariya, akwai magungunan da a ke bayarwa awa shida-shida ko takwas-takwas, kuma wanda aka kira ya ba da jini, jinkirinsa na awa ɗaya ya kan zama bakin ran wani.

Waɗansu su kan ce ai gaggawa aikin Shaiɗan ce, kuma bai kamata ɗan Adam ya zama bawan ƙarfe ba. Maganarsu da ƙamshin gaskiya. Wanda ya wuce maƙwabcinsa marar lafiya bai tsaya ya gaishe shi ba don kada minti biyar su kuɓuce masa, wannan ya mai da bara ubangida. Amma a dubi wani abu. Mutumin da ya kan zo taron unguwa bayan awa biyu, shi ne kuma ba ya ƙara ko minti ɗaya a kan lokacin buɗa-baki da azumi, ba ya kuma yarda a ta da sallar Idi ba shi cikin sahu. Ya san lokaci sarai. Abin da ya auna shi ne darajar masu jiransa, ya ga ba su kai ya yi sauri dominsu ba. Shi ya sa sau da yawa talaka ne ke zaune cikin rana tun hantsi, babban baƙo kuwa sai azahar ta gota.

Nan ne haɗarin ya ke. Idan kowa ya san ƙarfe goma ba ƙarfe goma ba ce, sai mai kiran taro ya faɗi tara yana nufin sha ɗaya, masu zuwa kuma su ƙara nasu lissafin a kai, har maganar kowa ta rasa nauyi. Hausawa sun ce rana ba ta ƙarya, sai dai uwar ɗiya ta yi ƙarya. Wanda ya san ba zai iya zuwa ƙarfe huɗu ba, ya ce bayan la'asar, babu laifi a kansa. Amma in har bakinsa ya furta ƙarfe huɗu, to, ya ɗauki kaya, wajibi ne ya sauke shi ƙarfe huɗun.