Idon Zuci Baiwar Allah Ne: Darasi Daga Ƙudujin Gona



Babu manomin dawa ko gero, tun daga Cheberu har sauran ƙauyukan ƙasar Gwandu da Kalgo, wanda yake bukatar a gaya masa ko mene ne ƙuduji, wanda waɗansu ke kira wuta-wuta. Sa'ad da damina ta yi nisa, sai furensa ja-ja ya rufe kunyoyi, dawa kuwa ta tsumbure kamar an yi fari, alhali ruwa yana sauka. Mai gida ya yi noman fari, ya yi maimai, amma da kaka rumbu bai cika ba. A irin wannan lokaci zuciyar mutum takan tashi neman dalili, gama Allah ya halicce mu da ikon suranta abin da ido bai gani ba. Wannan iko shi muke kira idon zuci. Baiwa ce mai girma, amma tana da hanya biyu a gabanta.

Hanya ta farko ita ce ta mugun zato. Mutum ya dubi gonarsa, ya dubi ta maƙwabcinsa da ta yi kyau, sai ya ce an yi masa sammu, ko kuwa wata tsohuwa ta sa masa baki. Daga nan gaisuwa ta yanke, zumunci ya lalace, ɗan kuɗin da za a sayi taki ya tafi wurin boka, ƙuduji kuwa yana nan daram. Hausawa sun ce zato zunubi ne ko da ya zama gaskiya. Eklesiya ma tana koya mana cewa yanke wa ɗan'uwa hukunci ba tare da hujja ba saɓa wa doka ta takwas ne. Kada kuma wani ya fake da misalin zawan da ke cikin Bisharar Matiyu sura 13, domin Ubangijinmu da kansa ya bayyana cewa magabcin da ke cikin misalin Iblis ne, ba mutumin da gonarsa ke iyaka da tamu ba.

Hanya ta biyu ita ce ta masu binciken halitta. Su ma da idon zuci suka fara. Sun lura irin ƙuduji ƙanana ne kamar ƙura, tushe guda yana zubar da dubbai masu yawa, kuma irin yana iya kwana cikin ƙasa fiye da shekara goma bai tsiro ba, ko da ruwa ya jiƙa shi. Amma da an shuka dawa kusa, sai ya farka. Suka tambayi kansu: ta yaya iri marar ido, marar kunne, ya san dawa ta iso? Sai suka sa kansu a matsayin irin nan da ke kwance cikin duhu, suka ce lalle akwai wani saƙo da ke fitowa daga saiwa, wanda ba mu gani. Har a nan, hasashe ne kawai. Bambancinsu da mai mugun zato shi ne, ba su tsaya ga hasashen ba. Suka tatsi ruwan da saiwa ke fitarwa, suka zuba wa irin ƙuduji, suka ga ya tsiro ba tare da dawa ba. A shekarar 1966 masu bincike a Amurka suka ware sinadarin daga saiwar auduga, suka sa masa suna sitirigol.

Wata tambaya ta rage: don me shuka za ta kira maƙiyinta da kanta? A shekarar 2005 masana a Japan suka nuna cewa kiran ba na ƙuduji ba ne. Akwai wata irin fumfuna mai siraran zare a cikin ƙasa, wadda take haɗuwa da saiwa ta kawo mata sinadarin fosforas, shuka kuma ta ba ta abinci. Wannan abokiya shuka take kira, ƙuduji kuwa ɗan leƙen asiri ne da ya koyi jin kiran. In ƙasa ta gaji, shuka takan ƙara yawan kiran, ƙuduji ya ƙara tashi. Ashe abin da kakanninmu suka lura da shi, cewa ƙuduji ya fi son gonar da ta tsufa ba taki, gaskiya ne, yanzu kuma mun san dalilinsa.

Daga wannan sani aka sami dabara. Irin ƙuduji in ya tsiro, dole ya kama saiwar da za ta ciyar da shi cikin 'yan kwanaki, in ba haka ba ya mutu. Auduga da waken soya da gyaɗa suna ta da ƙudujin dawa daga barci, amma ba ya iya shan su, sai ya mutu da yunwa. Saboda haka juya shuka, da zuba takin dabbobi, da tuge ƙuduji a ƙone shi tun bai zubar da iri ba, suna rage shi a hankali, ko da yake ba cikin damina ɗaya ba. Cibiyar binciken aikin gona ta Samaru a Zariya, tare da cibiyar ƙasa da ƙasa da ke Ibadan, sun kuma fitar da ire-iren masara masu jure masa. Ga amfanin idon zucin da ya yarda a gwada shi.

Eklesiya ba baƙuwa ba ce a wannan aiki. Fada Gregor Mendel, na ƙungiyar Waliyi Agustin, ya yi shekara takwas, daga 1856 zuwa 1863, yana haɗa auren wani irin wake na Turai a lambun gidansu da ke ƙasar Cek ta yau. Ya haɗa dogo da gajere, 'ya'yan duka suka fito dogaye. A zuriya ta gaba kuwa gajere ya sake bayyana, kusan ɗaya cikin huɗu. Mendel bai taɓa ganin ƙwayar gado da idonsa ba, amma ya suranta cewa kowane tsiro yana ɗauke da ɓoyayyun abubuwa biyu, ɗaya daga kowane mahaifi. Ya ƙirga dubban tsirrai kafin ya buɗe baki. Ya buga aikinsa a 1866, ya rasu a 1884 ba a kula da shi ba, sai a 1900 duniya ta gane abin da ya gano. Masu gyaran irin da muke saye yau a kan tushensa suke gini.

Me wannan ke koya mana? Na farko, mu tsarkake tunaninmu. In masifa ta faɗa wa gona, ko dabba, ko yaro, bari tambayarmu ta fari ta zama "mene ne ya jawo?" kafin "wane ne ya yi?" Mu nemi malamin gona, mu je asibiti, mu kuma yi addu'a, gama waɗannan ba sa gāba da juna.

Na biyu, iyaye da malaman makaranta da katekist, kada mu kashe tambaya a bakin yara. Yaron da ya tone gindin dawa don ya ga inda ƙuduji ya kama ba ɓarna yake yi ba; karatu ya fara. Hadda ita kaɗai ba ta isa ba. Ƙasar Gwandu ta san darajar ilimi tun zamanin Malam Abdullahi ɗan Fodiyo. Ga Jami'ar Tarayya ta Birnin Kebbi, wadda aka kafa a 2013, a kan hanyar Kalgo zuwa Bunza, ga kuma jami'ar kimiyya da fasaha a Aliero. Mu tura 'ya'yanmu, maza da mata, domin ɗan manomin da ya san ciwon ƙuduji shi ya fi cancanta ya nemo maganinsa.

Na uku, mu riƙe tawali'u. A Bisharar Markus sura 4 Ubangijinmu ya kwatanta Mulkin Allah da irin da ke girma cikin ƙasa ba tare da mai shuka ya san yadda ake yi ba. Duk abin da bincike ya buɗe mana, hikimar Mahalicci ce muke tararwa a ciki, abin da ya rage a ɓoye kuma ya fi wanda muka gano yawa.

Allah Uba, wanda ya ba mu ido na gani da zuciya ta tunani, ya kiyaye mu daga mugun zato, ya albarkaci gonakinmu da 'ya'yanmu, ta wurin Kristi Ubangijinmu. Amin.