Abin Da Waya Ba Ta Aikawa

A Bengaluru, cibiyar kamfanonin manhaja a kudancin Indiya, akwai dubban matasa da iyayensu ke can nesa a Bihar ko Kerala. Mu masu sana'ar rubuta manhaja mun san irin rayuwarsu: gidan haya mai ɗaki biyu, miji da mata duk suna aiki, wani lokaci har tsakar dare saboda abokan aikin suna Amurka. Da albashi ya shigo sai a tura wa tsofaffi kasonsu ta UPI, tsarin biyan kuɗi ta waya da ƙasar ta fara a 2016. Da yamma kuma a kira uwa ta bidiyo, ta tambaya ko an ci abinci. Shin wanda ya yi haka ya sauke haƙƙin iyayensa?

Al'adar Indiya dai ta ce da saura. A labarin Ramayana akwai Shirawan Kumar, saurayin da ya sa iyayensa makafi a kwanduna biyu, ya saɓa a kafaɗa ya kai su ziyarar wuraren ibada. Mu da muka tashi da kallon fina-finan Indiya mun ga kishiyarsa a Baghban na 2003, inda 'ya'ya huɗu suka raba uwa da uba, kowanne ya koma gidan ɗa daban.

Gwamnati ma ta tsoma baki. A 2007 aka kafa dokar da ta wajabta wa 'ya'ya, maza da mata, ciyar da iyayensu. Ta ba da damar a yanka musu har rufi 10,000 a wata, wanda ya yi watsi da tsoho kuma zai iya shan ɗaurin wata uku. Ƙidayar 2011 ta nuna kimanin mutum miliyan 104 sun kai shekara 60, don haka maganar ba ƙarama ba ce. Sai dai doka kuɗi take ƙirgawa. Ba ta da hanyar sanin wa zai lura uba ya fara manta shan maganinsa, ko uwa ta daina girki saboda babu wanda za ta ci da shi.

To, a koma gidan gandu ke nan? Nan ma akwai gyara. A wancan gida ɗa ake yabo, amma matar ɗa ce ke tashi da asuba ta dafa shayi, ta murza gurasa, ta yi jinyar surukai, alhali nata iyayen na wani gari. Yau da ita ma take da aikinta da albashinta, ba adalci ba ne a ce ta ajiye su domin a ci gaba da kiran mijinta ɗa nagari.

A sana'armu mun koyi cewa aikin da aka ce na kowa ne, a kan mutum ɗaya yake faɗawa. Haka kula da iyaye. Muna ganin kuɗin wajibi ne, amma shi ne ɓangare mafi sauƙi. Mai wuyar shi ne lokaci, kuma shi ya kamata 'yan'uwa su zauna su raba da sunan kowa: wa zai raka Baba asibiti a wannan wata, wa zai je gida bikin Diwali, yaushe za a kai wa iyayen matar ziyara. Hausawa sun ce zumunci a ƙafa yake. Waya ta rage nisa ƙwarai, amma har yanzu wani ne zai hau jirgin ƙasa ya je.