Wasannin Mutanen Japan A Ma'aunin Shari'a

Da sunan Allah Mai rahama Mai jin ƙai. Tsira da aminci su tabbata ga Annabi Muhammadu da alayensa da sahabbansa.

Bayan haka, ya 'yan'uwa Musulmi, mutanen Japan sun shahara wajen shirya wasannin kwaikwayo da zane-zane masu motsi, waɗanda yanzu 'ya'yanmu ke kallo a talabijin da wayoyin hannu. To, mene ne matsayinmu a kansu?

Mu sani cewa nishaɗi a kan kansa ba haram ba ne, domin ya tabbata cewa Nana A'isha, Allah Ya yarda da ita, ta kalli wasan Habashawa a masallaci tana bayan Annabi. Amma kowane wasa yana ɗauke da tarbiyya da aƙidar waɗanda suka shirya shi.

Ga misali, a shekarar 1983 gidan talabijin na NHK ya fara nuna Oshin, labarin yarinya 'yar talakawa da aka tura aikatau tana shekara 7 a bakin buhun shinkafa, ta jure wahala har ta zama babbar 'yar kasuwa. Wasan ya sami karɓuwa ƙwarai a Iran da Masar, saboda haƙuri da girmama iyaye halaye ne da Musulunci ya yi umurni da su.

Sai dai kuma akwai Spirited Away na Hayao Miyazaki, wanda ya fito a 2001. An gina labarinsa ne a kan gidan wanka na alloli barkatai, irin waɗanda addinin Shinto ke ɗorawa a kan koguna da duwatsu. Babba zai iya bambancewa, amma yaron da tauhidi bai zauna a zuciyarsa ba fa? Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Saboda haka wajibi ne uba ya san abin da ke shiga gidansa, ya zauna tare da yaransa, ya yaba abin kirki, ya bayyana musu ɓarna, kada kuma kallo ya cinye lokacin salla da karatu. Kowane mai gida makiyayi ne, kuma za a tambaye shi game da kiwonsa ranar gobe.

Allah Ya shirya mana zuriyarmu, amin. Wassalamu alaikum.