Wa ke ɗaukar alhakin Dodo?

A Hausa muna da wata ƴar kalma mai wanke mai magana, ita ce "wai". In na ce "wai sarki ya rasu", na faɗi labari amma ban ɗauki nauyinshi ba. Ni a ganina, fim gaba ɗaya babban "wai" ne. To, mi ya sa muke yada wannan "wai" da zarar ɗan wasa ya iya kwaikwayon mugunta?

Dubi Zalika Souley. A 1966 ta fito cikin Le Retour d'un aventurier na Moustapha Alassane, wanda ya daɗe zaune nan Tawa. Daga baya, cikin Le Wazzou polygame na Oumarou Ganda, fim ɗin da ya ci babbar kyautar FESPACO a Wagadugu a 1972, ita ce matar da kishi ya kai ga kisa. Ganda ya sha yabo. Ita kuwa, mutanen Yamai sunka riƙa zaginta bisa hanya, sai ka ce da gaske ta zubda jini.

A Japan, Haruo Nakajima ya yi dodon nan Godzilla daga 1954 zuwa 1972, amma cikin rigar roba. In an tashi aiki, ya tuɓe dodo ya rataye, ya tafi gida. Zalika da fuskarta ta yi aiki, ba ta da abin tuɓewa.

Wani zai ce ai ita ta zaɓa, kuma abin da ido ya saba gani zuciya na koyo. Akwai gaskiya nan. Shi ya sa ya kamata a tambayi kowane fim mi yake nufi da muguntar da ya nuna. Wazzou dai gargaɗi ne kan auren tilas, kuma gargaɗi ba ya shiga jiki sai wani ya yarda ya zama abin tsoro. Kaka na kumbura murya ta yi Dodo, yara su firgita, ta ce "ƙurunƙus", su kwanta jikinta. Ɗan shekara biyar ma ya san inda "wai" ya tsaya.

Don haka nike cewa alhakin na mai kallo ne. Mun ɗauki darasin kyauta, munka bar ta tana biya da mutuncinta. Ta rasu a 2021. Waɗanda ke yi muna Dodo yau kuwa suna nan da ransu, kuma kasuwa ɗaya muke ci da su.