Ɗa Zai Ba da Shaida a Kan Mahaifinsa?

A watan Disamba na 1947 aka rataye Hanns Ludin a birnin Bratislava. Shi ne jakadan Hitler a Sulobakiya lokacin da aka kwashe dubun dubatar Yahudawan ƙasar zuwa sansanonin mutuwa. Ɗansa Malte yana da shekara biyar a lokacin. Da ya girma ya zama mai shirya fina-finan tarihi, a 2005 ya fitar da fim a kan mahaifin nasa, ya zaunar da 'yan'uwansa gaban kyamara yana tambayarsu abin da gidan ya daɗe yana kauce wa. Wata yayarsa ta tsaya kai da fata tana kare ubansu.

A majalisar dattawan Ƙauyen Alu da ke Kano, da yawa bayan yayar za su bi. Tonon silili ne, za su ce, kuma ɗan halak ba ya kwance wa ubansa zani a kasuwa. Suna da madogara: addini ya hana zagin mamaci, ya kuma yabi mai rufa asirin ɗan'uwansa.

Sai dai aya ta 135 a Suratun Nisa'i ta wajabta tsayar da shaidar adalci ko a kan iyaye ne. Malamai kuma sun raba laifin da ke tsakanin bawa da Ubangijinsa da haƙƙin bayi. Na farko shi ake rufewa. Jinin wani kuwa yana da masu shi, kuma in aka yi shiru a kansa, su aka zalunta karo na biyu. Malte bai zagi mahaifinsa ba. Takardu ya ɗauko, ya yi tambaya.

Kano ma tana da nata abin da ba a son tunawa. A Oktoban 1966 an kashe 'yan ƙabilar Ibo a filin jirgin sama da tashar jirgin ƙasa da Sabon Gari, watanni bayan kisan Sardauna da Tafawa Ɓalewa. Yaƙin basasa ya biyo baya daga 1967 zuwa 1970, Janar Gowon ya rufe shi da cewa babu wanda ya ci wani. Maganar ta kwantar da ƙura, amma ta kuma rufe bakuna. Sai rikicin Maitatsine a 'Yan Awaki, Disamba 1980, wanda hukuma ta ƙirga mutum 4,177 da suka mutu a cikinsa.

Daga Gyaɗi-Gyaɗi zuwa Titin Gidan Zu, inda ofisoshin 'yan fim suke, tafiyar ƙafa ce. Kyamarori na nan, gwanaye na nan, akasarin aikin dai labarin soyayya da zaman aure ne. Saurayin da ya ɗauki bindiga a 1967 yana ɗan shekara ashirin, yau ya doshi tamanin. Irinsa suna nan a Tarauni, suna fitowa sallar Azahar da sanda, jikokinsu kuma ba su taɓa tambayarsu abin da suka gani ba.