Fim ɗin Sallah da Asirin Gida

Jama'a, Babbar Sallar da ta wuce wani ɗan ƙanena, ɗalibi, ya ɗauki ɗan gajeren fim da wayarsa a gidanmu na nan Sabo. Ba irin na Kannywood ba ne, babu waƙa babu rawa, ko fuska ɗaya bai nuna ba. Hannaye kawai ake gani suna rabon naman layya, sai muryoyi daga gefe: uwargida na cewa an tauye mata kaso, amarya na mayar da magana, mai gida ya yi gum. Yana so ya nuna wa malamansa da abokan karatunsa, shi ya sa ya same ni a shago ya ce, "Baffa, ya halatta?"

Hujjarsa ita ce bai yi wa kowa ƙarya ba, kuma ban raina ta ba. Suratu Yusuf ma labarin rikicin gida ce, hassadar 'yan'uwa da baƙin cikin uba, an kuwa ba mu shi ne don mu ɗauki darasi. Ɓoye ciwo ba ya warkar da shi. Gidaje nawa ne a unguwar nan ake yin Sallah cikin sababbin kaya, zukata na tafasa?

Amma fa gaskiyar magana ba ta isa ta halatta yaɗa ta. Malamanmu na Islamiyya sun koya mana cewa giba ita ce ka faɗi abin da yake akwai ga ɗan'uwanka wanda ba ya so a faɗa. In babu shi, ya zama ƙage. Aya ta 12 ta Suratul Hujurat ta kamanta ta da cin naman ɗan'uwa matacce. Sannan mu da muke zaune a ƙasar Yarbawa, unguwa ɗaya, masallaci ɗaya, kowa ya san muryar kowa. Ɓoye fuska bai rufa wa kowa asiri ba.

Sai na ce masa, "Ɗana, fim ɗin naka ne, amma muryoyin amana ce. Ka fara nuna wa masu su. In sun yarda, bismillah. In sun ƙi, ka nemi 'yan wasa, ka sauya labarin, darasin ba zai ragu ba."

Ni ma fa na ji tawa muryar a ciki, ina yi wa ƙanena tsawa a kan kuɗin rago. Wallahi kunya ta kama ni. Washegari na je na ba shi haƙuri.

Allah Ya rufa mana asiri duniya da lahira.