Kukan Fursuna Haja Ce?

Jama'a, akwai wata haja da ta daɗe tana yawo a tsakaninmu, ba a baje ta a fili, amma masu nemanta sun san inda take. Finafinai ne na matan da aka kulle a gidan yari, ana dukansu, ana tuɓe su, ana wulaƙanta su. Da a kaset suke zuwa, aka koma faifan CD, yanzu kuwa yaro zai miƙa wayarsa a shagon masu tura fim a zuba masa a memori.

Asalin abin ba namu ba ne. Wani ɗan kasuwar fim a Amurka, Roger Corman, ya gano wajen 1971 cewa in ya tura ma'aikatansa ƙasar Filifin, inda aiki ke da araha, da ɗan jari kaɗan zai kwashi riba. Wasu suka bi sahu a Italiya da Sifen. Da bidiyo ya shiga gidaje bayan 1980, sai finafinan suka samu 'yan gani-kashe-ni masu tara su kamar kayan gado. Ba za mu kawo sunayensu ba, kada mu zama dillalai.

Tambayar da ta dame mu, mu 'yan kasuwa, ita ce: mai sayarwa yana da laifi? Hujjarsa mun san ta, domin a bakinmu ta girma: mai saye ne ya nema. Mai sayar da wuƙa ba a kama shi don wani ya yi kisa da ita. Gaskiya ne. Sai dai wuƙa tana yanka albasa, tana yanka ragon suna. Wannan fim ɗin fa, wane aiki na biyu yake yi?

Wasu za su ce ai tona asirin zalunci yake yi, tunda a ƙarshe matan sukan yi bore su gudu. To, a duba inda kyamara ta fi daɗewa. Mai son ka tausaya wa mace fuskarta zai nuna maka, ya gaya maka sunan 'ya'yanta da abin da ya kawo ta. Wanda ya tsaya minti goma a kan jikinta ana zuba mata bulala, shi ya san abin da yake sayarwa, kai ma mai kallo ka sani. Boren ƙarshen nan ganyen da ake rufe ruɓaɓɓen tumatir ne.

Sai a ce wasa ne, ba wadda aka daka da gaske. Nan ne mu mutanen Keffi bai kamata mu yi saurin yarda ba, domin gidan yari a garinmu yake. Tun 2019 gwamnati ta sauya wa hukumar suna zuwa ta gyaran hali, amma idon jama'a bai sauya ba. Mafi yawan waɗanda ke tsare a Najeriya ba a ma yanke musu hukunci ba, jiran shari'a suke. Wata rigimar kishiya ce ta kai ta, wata bashi, wata rashin mai tsaya mata beli. Ranar da ta fito ta dawo unguwa, da wane ido saurayin da ya sha kallon nan zai dube ta? An riga an cusa masa cewa duk macen da ta kwana bayan wannan katangar ba sauran mutuncinta. Daga nan ake fara raɗa, manemi ya janye, a daina sayen ƙosanta. Mun karanta a Islamiyya cewa wata mata ta shiga wuta saboda kyanwar da ta kulle ta hana abinci. Annabi Yusuf kuwa, tsira da aminci su tabbata a gare shi, shekaru ya yi a kurkuku ba da laifin komai ba.

Don haka a ganinmu mai sayarwa yana da kasonsa, ko da bai kai na wanda ya shirya fim ɗin ba.

Abin da ya fi wuya shi ne yaron shagon. Yawancinsu 'ya'yanmu ne, kwamfuta ɗaya da janareta su ne duk jarinsu, ga kuɗin haya. In ka ce ya goge, zai ce maƙwabcinsa bai goge ba, kwastoma can zai koma. Bai yi ƙarya ba. Maganar ba za ta yiwu da shago ɗaya ba, sai masu shagunan sun zauna sun yarda gaba ɗaya, kamar yadda mahauta ke haɗa baki a kan abin da ba za a kasa a teburinsu ba. Ƙwallo da finafinan Kano da karatun malamai suna da masu saye. Wanda cinikinsa ya ja baya a watannin farko, akwai adashin 'yan kasuwa a unguwa, a ba shi ɗaukar farko.